Ƙwan Lantarkin Falon Gwaggo

Ranar da Gwaggo ta rasu ina cikin aji a Gashua, ina ta sababi da yara a kan wanda ya karya mana tsintsiya. Baba ne ya kira ni. Muryarsa kawai na ji na nemi benci na zauna. Ya ce, "Yayata ta tafi. Fito bakin titi, ga ni nan zuwa, Nguru za mu." Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Na yi ta maimaitawa a mota har bakina ya bushe, amma zuciyata ta ƙi karɓa. Matar da kwanan nan ta aiko mini da daddawa, har da saƙon tsokana wai miyata ta daɗe tana neman agaji?

Mun tarar da gidan ba masaka tsinke. Mai awarar bakin layi ta zube a zaure tana cewa, "Yanzu wa zai wanke mu?" Wata tsohuwa ta riƙe hannuna tana rantse mini cewa jiya jiyan nan ta jiyo dariyarta ta kan katanga. Kowa ka kalla baki buɗe, don babu wanda ya taɓa jin an ce Gwaggo tana kwance. Mutum ɗaya ce ba ta yi kuka ba, aminiyarta, tsohuwar Bamangiyar da suke katanga ɗaya tun suna amare. Ita ta same ta a ƙuryar ɗaki da hantsi, ita ta rufe mata ido. Ta ce mini "Wushe", sannun Mangawa, kamar kullum, ta ci gaba da tsinke ganyen magarya a ƙwarya.

Saura Yaya, ɗan Gwaggo na fari kuma shi kaɗai ya rayu mata, wanda yake aiki a Abuja. An yi ta neman wayarsa a kashe, sai da muka iso aka same shi. Baba kunnensa ya yi nauyi, kullum a buɗe yake sa muryar waya, don haka duk matan da ke tsakar gida suka ji. Baba ya yi masa sallama, ya ce ya yi haƙuri, Allah ya karɓi abarsa.

Yaya ya ce, "Wace Gwaggon? Haba Kawu, a daina irin wannan! Da safen nan na gan ta da idona tana shan kunu, da koren mayafinta."

Baba ya ce, "Ka gan ta? Kana Abuja ka gan ta?"

Da Yaya yana cikin hankalinsa da ya haɗiye maganar. Amma gigita ba ta san dabara ba. Ya ce, "Ta kyamara, Kawu. Kyamarar tana cikin ƙwan lantarkin falo. Kullum ina ganinta."

Wallahi ban taɓa jin gidan makoki ya yi shiru irin wannan ba. Kukan ma tsayawa ya yi. Mata suka juya gaba ɗaya suna leƙen falon, inda farin ƙwan yake rataye a tsakiyar rufi. Wata ta dafe ƙirji ta ce, "Mun shiga uku." Wata ta miƙe ta ɗauki takalmanta a hannu ta fice, ko sallama babu. Ni kuwa na jingina da turmi.

Sai wanda ya san falon nan zai gane abin da ya firgita mu. Falon Gwaggo nan ne matan unguwa suke kai abin da ba ya faɗuwa. Wadda mijinta ya daina shigowa da cefane, wadda ɗanta ya fara shaye-shaye, wadda ta ga wani abu a jikinta tana tsoron asibiti, duk a kan tabarmar nan suke zubewa su amayar da cikinsu, su tashi sakayau, don sun san maganar ta faɗa rijiya. Ni ma na kai tawa, irin wadda in ta fita gidana ba zai kwana a tsaye ba. Yanzu ga shi an ce akwai ido da kunne a saman kanmu, kuma ba mu san tun yaushe ba, ba mu san wa da wa suka kalla ba. Da wannan nauyin aka kai Gwaggo makwancinta bayan la'asar.

Na ɗauki alƙalami ne don kada ƙwan lantarki ya zama shi ne abin da za a riƙa tunawa da ita. Ta fi ƙarfin haka.

Gwaggo ita ce mai wankan gawar mata a unguwarsu, ita da aminiyar tata. Ba gado ta yi ba, kuma ba ta karɓar ko goro. Tana da ƙwarya guda da take ajiyewa a bakin ƙofa, duk wadda za ta shiga taya ta zuba ruwa sai ta jefa wayarta a ciki. Na taɓa raka ta wani gida na masu hali. 'Yar mamaciyar ta shigo da waya a hannu, wai za ta ɗauki fuskar uwarsu ta tura wa 'yan'uwanta da ke nesa. Gwaggo ta ajiye buta a hankali ta ce, "To, tambaye ta. In ta amsa miki, ɗauki." Yarinyar ta ce ai uwarta ce. Gwaggo ta ce, "Jiya uwarki ce. Yau baƙuwata ce, kuma ba ta da hannun da za ta ja zane. Ko ki ajiye, ko ki zo ki karɓi butar." Wayar ta shiga ƙwarya.

Mutanenmu kuma akwai son jin ƙwaƙwaf. Tana fitowa za a matso, "Gwaggo, ya kika gan ta? An ce jikin ya yi kaza." Amsarta ɗaya ce tun ina yarinya: "Na ga baiwar Allah ta gaji ta kwanta." In an matsa sai ta ce ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, ta nemi ruwan wanke hannu. Ni da bakina ba shi da linzami na sha tsokanarta, in ce Gwaggo da cikinki zai fashe da rabin Nguru sun yi hijira zuwa Machina. Sai ta jefe ni da mafici ta ce, "Ke dai Allah ya sa ba a hannunki zan faɗo ba, uwar surutu."

Abin da baƙo ba zai zata ba shi ne wannan mai tasbihin ta fi kowa sanin fim a danginmu. Marigayi mijinta shi ne mai haska fim a tsohon gidan silima na Nguru, mai doguwar katanga ba rufi, tun zamanin da jirgin ƙasa yake zuwa ɗibar gyaɗa da shanu. Matar aure ba ta shiga silima, amma tuwon miji yana shiga. Ta ƙofar baya take kai masa, ta hau matakala zuwa ɗan ɗakin inji, ta zauna a kan akwatin faifan fim. Akwai wata 'yar taga kusa da wadda haske yake fita, ta nan take leƙawa. Ita ce ma take goge masa gilasan injin da tsumma mai laushi, don ya ce hannunta ya fi nasa sanyi.

Takan ce fim biyu take kallo a lokaci ɗaya, na jikin bango da na ƙasa. "Na ga ƙeyar rabin garin nan," in ji ta. "Na ga wanda da rana yake tsine wa silima, da magariba ya zo ya ja hula har hanci, ana kashe jarumi yana share hawaye." Mu ce, "Gwaggo, wane ne?" Ta ce, "Wani bawan Allah." Mun yi shekaru muna lallashi, mun yi cin hanci da bandar kifi mai kyau daga Gashua, ta cinye kifin ta tafi da sunan kabari. Akwai abin da take yawan faɗa in muna yabon 'yar wasa ta iya kuka: "Ta san ana ɗaukarta, shi ya sa kukan ya yi kyau. Kukan gaskiya ba ya kalluwa."

Tsakaninta da Yaya kuwa akwai kunyar ɗan fari, irin ta mutanen da, wadda ba sassauci. Tunda aka yaye shi aka kawo shi gidanmu na Gashua wurin Kaka, tare muka tashi, shi ya sa shi ma Gwaggo yake ce mata kamar mu. Ba ta taɓa kiran sunansa ba. "Wancan" take cewa, ko "mutumin Abuja". Ko wani yaro mai irin sunan ne a unguwa, sai ta laƙaba masa wani. In ya zo gaishe ta, yana durƙushe tana kallon bango tana amsawa a taƙaice, kamar mai bin ta bashi. Ya taɓa yin zazzaɓi mai tsanani muna yara. Ta zo daga Nguru, ta wuni a madafa tana dama masa kunu, amma ba ta leƙa ɗakin ba, sai dai ta tare ni a ƙofa ta ce, "Ya sha?" In ya kira ta a waya kuwa, "Lafiya lau" ce kawai, sai ta miƙa wa duk wanda ke kusa.

Damina biyu da suka wuce Yaya ya zo da masu aiki aka sa mata sola. Aka ja waya, aka ɗaura fanka, aka sa ƙwan lantarki a ko'ina. Ya ce mata na falo kada a riƙa kashe shi ko da rana, wai kashewa da kunnawa yana lalata batir. Muka yi ta sa masa albarka.

Daga nan Gwaggo ta canza, mu kuma muka yi mata gurguwar fahimta. Mace za ta shigo da ido jajur, ta zauna za ta fara magana, sai Gwaggo ta miƙa hannu ta ƙure rediyo, ko ta ce, "Taso ki taya ni ba awaki dusa." A garken awaki, cikin wari da ƙuda, nan ta koma sauraron mutane. Ta daina cire ɗankwali a falo, ta daina kishingiɗa a nan da rana. Wasu suka ce kunne ne ya tafi, wasu suka ce ruɗin tsufa ne ya fara taɓa ta.

Da sallar layya muka je da 'yata, yarinyar ta kunna mana wani fim a waya, irin waɗanda ake juya wa murya zuwa Hausa. Labarin wani mutum ne da ya dasa idanu a ɓoye a gidan maƙwabtansa, ya zauna a ɗaki mai duhu yana kallon cinsu da shansu da faɗansu, har ya daina fita, ya daina aski, ya fara zargin shi ma ana kallonsa. Mu muna ta tsine masa. Gwaggo ta matso da tabarau har fim ya ƙare, sannan ta ce, "Ku kuna tausayin waɗanda ake kallo. Ni shi nake tausayi. Ya bar tasa rayuwar a buɗe yana gadin ta wasu, kuma abin da yake nema ba zai gani ba." Na ce, "Oho, ashe irin waɗannan finafinan ne suka shiga kanki, shi ya sa kike raɗa a gidanki kamar ɓarauniya!" Muka yi ta dariya. Ita ma ta yi, ta ce in tashi in duba nama kada ya ƙone.

Sai ranar da tawa ta kawo ni. Ba zan faɗi ko mece ce ba, ai ɗiyar Gwaggo ce ni. Na baro Gashua ko karyawa ban yi ba, na faɗa falon na zube a gabanta, kuka ya ƙwace mini, na fara zubo magana. Ta daka mini tsawa, "Rufe mini baki! Tashi mu je garke." Na ce ba inda za ni, ni ba akuya ba ce. Na ci gaba da magana. Sai matar nan ta jawo rediyo ta murɗa shi har ƙarshe, wani mai tallan takin zamani yana ihu a kaina, ni ina kuka ina ɗaga murya, ita tana kallon ƙofa. Raina ya ɓaci irin ɓacin da ban taɓa yi da ita ba. Na ce, "Gwaggo, kin wanke matattun garin nan kaf, amma mai rai ta zo miki kin kunna mata talla!" Na ja mayafina na koma tasha.

Ban kira ta ba, ban aika ba. Ana nan rannan da hantsi ina wanke-wanke sai na ji sallamarta a ƙofar gidana a Gashua. Ita da ba ta son mota, ta shigo tana jan ƙafa, ta ce hanya ce ta gajiyar da ita. Ta wuce madafa kai tsaye, ta zauna a kan kujerar tsugunno ta ce, "To uwar zuciya, yanzu faɗa mini." Ta saurare ni har na ƙare, ta faɗa mini abin da zan yi, kuma shi ya riƙe mini gidana har yau. Na tambaye ta dalilin rediyo, ta ce, "Shirin ne nake so."

Wannan ranar ta falo ita ta hana ni sukuni a kwanakin makoki. Me na faɗa kafin ta kunna rediyon? Me ya fi ƙarfin rediyon ya fita? Yaya ya ji? Matarsa ta ji? Yaya ya iso washegarin rasuwar, ido ya kumbura, ina ganinsa na kau da kai. Matan unguwa kuma suka riƙa zuwa gaisuwa a tsaitsaye, ba mai yarda ta zauna a falo, ko da yake Baba ya sa an kwance ƙwan ya jefa shi a ƙwaryar wayoyin nan ta Gwaggo. Har a gidajensu, in ji mai awara, mata sun koma ɗaga kai suna harare-hararen ƙwan ɗakinsu, wata ma ta ɗaure nata da safa.

Ranar sadakar uku, bayan an watse da azahar, na ce wa Baba ni fa ba zan koma Gashua da wannan abu a wuyana ba. Muka zauna a falon mu huɗu, Baba da aminiyar Gwaggo da Yaya da ni. Ban jira Baba ya buɗe taro ba.

Na ce, "Yaya, ka ci amanar uwarka, ka ci amanar matan unguwa guda. Kai ko kunya? Wa ya taɓa leƙen uwarsa?"

Baba ya ce in yi a hankali. Na ce hankalin ya ƙare.

Yaya bai ɗago ba. Ya ce, "Ki faɗi duk abin da kike so, na cancanta. Amma ki gaya mini yadda zan yi. Uwa ce da ba ta taɓa ce mini kanta yana ciwo ba. Ta taɓa faɗuwa a bakin rijiya, sai a bakin direban tasha na ji, bayan ta warke. Na ce ta dawo wurina ta ƙi. Na kawo mai taya ta zama ta kore ta. A falo kawai na sa, ban sa a ƙurya ba. So nake in buɗe waya da safe in ga ta tashi, shi ke nan." Ya rantse da Allah ko matarsa ba ta sani ba.

Na ce, "Me ka ji?"

Ya ce, "Rediyo."

"Kada ka raina mini hankali."

"Wallahi rediyo. Duk wadda ta shigo, gaisuwa kawai nake ji, sai rediyo, ko su fita. Ranar da kika zo kina kuka na gan ki, na ƙure murya don hankalina ya tashi, ba abin da na ji sai tallan taki. Har maganin kunne na aiko mata da shi, na zaci kurumta ce."

Ya miƙo wayar. Na'urar tana ajiye hotunan 'yan makonnin baya, muka bi su ɗaya bayan ɗaya. Ga mace ta shigo, ga Gwaggo ta yi mata lale, hannunta ya tafi kan rediyo tun baƙuwar ba ta gama zama ba. Ga wata ta kama hannunta sun fita. Haka, haka, babu ko ɗaya da ta kuskure. Wani abu ya sauka daga ƙirjina, wani wanda ya fi shi nauyi ya hau. Na ce, "Ta sani."

Sai a lokacin aminiyarta ta yi magana. Ta ce, "Tun ranar da aka ɗaura. Matar mai haska fim ce fa. Ta ce mini gilashin da ke ba da haske daban, gilashin da ke kallo daban, kuma wannan ƙwan yana da ɗan baƙin ido a gindinsa. Na ce idon wa? Ta ce wani bawan Allah. Na ce mu sa a cire. Ta ce a bar shi, mai shi tsoro ne ya yi masa yawa, in an cire ba zai yi barci ba."

Yaya ya sa hannu biyu ya rufe fuska. Ashe har shi ta rufa wa asiri, ba ta bari an san ɗanta yana leƙenta ba.

Baba ya ce, "To ciwon fa? Mutum ba ya mutuwa haka kawai yana shan kunu."

Tsohuwar ta ce, "Ƙoda ce." Ciwon nan da ya ɗebe mana mutane a ƙasar nan, wanda babu gidan da bai san shi ba daga Gashua har Jakusko. Ta ce ƙafafun Gwaggo sun daɗe da kumbura, tun kafin zuwan da ta yi mini. Da kanta ta wanke matan da aka kai manyan asibitoci wankin ƙoda aka dawo da su a mota, ta ce ita a ɗakinta za ta jira. Ta san ranar da mutumin Abuja ya ga ƙafar nan, ranar za a sa ta a mota. Don haka kullum da safe sai ta yi wanka ta sa kwalli, ta fito falo ta zauna daidai ƙarƙashin ƙwan, ta ja zane har yatsu. Ta sha kunu a gabansa, ta ɗaga ƙwayar magani sama kafin ta haɗiye. In ta gama ta koma ƙurya ta amayar da shi, aminiyar tana riƙe da kanta. "Takan ce mini, yau ma na yi fim ɗina, mai kallo ya samu na tafiya ofis."

La'ilaha illallahu. Muka sake kallon hotunan da wani idon. Ga kwallin, ga murmushin, ga zanen har ƙasa. Ba wanda zai ce matar nan ba ta da lafiya. Yaya ya sa ido don kada wani abu ya same ta bai sani ba, idon kuma shi ya rufe masa komai.

Ya ce da muryar da ba tasa ba, "Na ranar ban ƙarasa ba. A mota na duba, ba murya, na ga ta shanye kunu na rufe. Da na sake buɗewa hoton ya ɗauke, na zaci sabis ne." Aminiyar ta ce ba sabis ba ne, a kashe ta tarar da makunnin.

Baba ya ce a kunna.

Ga Gwaggo da koren mayafi. Rediyon yana gefenta a kashe. Ta ajiye kofin kunu, ta goge baki, ta daɗe tana kallon tabarma. Sai ta ɗago kai ta kalli ƙwan, ido cikin ido, har sai da na ja baya. Ta yi 'yar dariyar nan tata ta ce, "Kifi na ganinka, mai jar koma."

Sannan ta kira sunansa. Sunansa na yanka, wanda tunda ta haife shi ba a taɓa ji a bakinta ba. Ta kira shi a hankali, ta sake kira, kamar mai ɗanɗana abin da ta daɗe tana ajiya.

Yaya ya yi wani irin sauti, ya zame daga kujera ya durƙusa da wayar a hannu, ya ce, "Na'am. Na'am, Inna." Baba ya ja hula ya rufe ido. Muryarta ta ci gaba, ta fara cewa, "Ka matso, magana zan yi da kai."

Rediyon yana nan inda ta bar shi. Ban yi shawara da kowa ba. Na miƙa hannu na kunna, na murɗa shi har ƙarshe. Aminiyarta ta kama hannun Baba, ni na kama nata, muka fita garke muka bar shi da uwarsa.

Daga baya Yaya ya goge komai a gaban Baba, ya bar wannan guda ɗaya. Baba ya daka ƙwan a turmi. Aminiyar ta bi gida gida tana gaya wa mata su kwantar da hankalinsu, ba abin da ya fita. Sun dawo sun cika falon, kuma a ranar ne aka yi wa Gwaggo kukan da tsoro ya katse.

Ya Allah, ga baiwarka nan ta gaji ta kwanta. Ta rufe matattunmu, ta rufe rayayyunmu, ka lulluɓe ta da rahamarka, ka sa kada ta ga abin da zai tsorata ta ranar da babu abin da zai ɓoyu.

Labarin ya zaga dangi, kamar yadda labari yake yi. Har yanzu a biki ko suna sai wata ta jawo ni gefe ta ce, "Ke da kike wurin, me Gwaggo ta ce masa?" Sai in ce ban ji ba, rediyo ake yi.